Aradu Ta Faɗa Masa Bai Mutu Ba, Sai Me?



Duk shekara in damina ta kankama, wato abin da mutanen ƙasar nan ke kira harif, daga watan Yuni zuwa Oktoba, ba a rasa labarin aradu ta faɗa wa garke a hanya. In labarin ya iso zango tambaya biyu ake yi: shanu nawa suka mutu, kuma an rasa rai? In aka ce ba a rasa ba, yaron da ke kora ya faɗi amma ya tashi, sai kowa ya ce alhamdu lillahi, a koma lissafin asarar dabbobi. To, a kan wannan yaro da ya tashi muke son yin magana a wannan fitowa, domin kuwa sau da yawa wahalarsa daga ranar take farawa, kuma ba kowa ke gane ta ba.

A ƙasashen da ake rubuta irin wannan tsautsayi a littafi, kamar Amurka, an samu cewa cikin mutum goma da aradu ta taɓa, wajen tara suna rayuwa. Masu ƙiyasi sun ce mutanen da take kashewa a duniya a shekara suna tsakanin 6,000 da 24,000, waɗanda take raunatawa kuwa sun ninka haka wajen sau goma. Watau ke nan duk gawa ɗaya da aka kai makwanci, akwai wasu da dama da suka koma gida da ƙafarsu. Wasu sun warke sarai. Da yawansu kuwa suna ɗauke da ciwon da ido ba ya gani, wata da watanni, wani ma har ƙarshen ransa.

Wanda bai taɓa zuwa ƙasar Gadarif ba, bari mu kwatanta masa, don ya ga dalilin da ya sa abin ya shafe mu fiye da ɗan birni. Fili ne shimfiɗaɗɗe na baƙar laka, mai tsagewa da rani, in ta sha ruwa kuma ta riƙe ƙafa kamar danƙo. Tun shekarun 1940 da aka fara noman tarakta a wajen Gadambaliya ake ta sare daji ana shuka dawa da riɗi, har ya zamana mutum zai yi doguwar tafiya bai ga inuwa ba sai aduwa ɗaya tilo ko 'yan tsirarun dushe. Arewa kuma Butana ce, inda garkuna ke hawa da damina, nan ma fili ne fetal sai 'yan duwatsu jefi-jefi. Hadari kuwa galibi daga gabas yake tasowa, ta wajen tsaunukan Habasha, ya riske mu da la'asar ko da dare. A irin wannan fili, makiyayin da ke tsaye da sanda a kafaɗa, da wanda ke bisa raƙumi, da yaran da ke zaune a saman bodin mota mai ɗauke da shanu daga Gallabat ta Doka zuwa gari, su ne suka ɗara komai tsawo a wurin. Aradu kuwa galibi abin da ya ɗara saura tsawo take fara samu.

Mutane sun ɗauka kan mutum take sauka kai tsaye. Masana sun ce wannan shi ne mafi ƙaranci, bai wuce kashi 5 cikin 100 na masu jin rauni ba. Kusan kashi ɗaya cikin uku, itace ko turke take faɗa wa, sa'an nan wutar ta yi tsalle ta kama wanda ya raɓe a gindinsa. Wajen rabi kuwa ta ƙasa take riskarsu: ta faɗi can gefe, wutar ta bazu a doron ƙasa kamar yadda ruwa ke bazuwa in an kifar da tulu, ta shiga ta ƙafa ɗaya ta fita ta ɗaya. A nan ne amsar tambayar da fatake suka daɗe suna yi take, wato me ya sa shanu goma za su zube matattu, yaron da ke tsakiyarsu ya tashi. Iyakar nisan da ke tsakanin ƙafafu, iyakar ƙarfin wutar da ke ratsa jiki. Mutum ƙafafunsa biyu kusa da juna suke. Saniya kuwa tsakanin ƙafar gaba da ta baya akwai tazara mai yawa, kuma zuciyarta tana kan hanyar. Haka ya faru a ƙasar Norwe a watan Agusta na 2016, inda aka tarar da wasu dabbobin dawa dangin barewa har 323 a mace wuri ɗaya bayan hadari. Haka kuma a Ijare ta jihar Ondo a Nijeriya, a watan Satumba na 2019, shanu 36 suka mutu dare ɗaya a kan wani dutse. Saboda haka tsirar yaro a cikin matattun shanu ba abin zargi ba ne, kuma ba laya ce ta yi aiki ba. Ƙirar jikinsa ce ta bambanta da ta saniya.

Yanzu sai abin da ake yi a mintocin farko, don a nan ake rasa waɗanda da an ceto.

Abu na farko, wanda aradu ta faɗa wa ba ya riƙe wuta a jikinsa. Ana iya taɓa shi nan take, ba abin da zai sami mai taɓawa. Mun san akwai masu cewa kada a kusance shi sai an zuba masa madara, har a tura yaro ya je tatsa ko ya ruga ruga neman nono. Madara ba ta kashe komai a nan, don ba sauran wutar da za a kashe, kuma lokacin da aka ɓata wajen nemanta shi ne lokacin ransa. Abin da aradu ke yi shi ne ta tsayar da zuciya da numfashi gaba ɗaya. Zuciya sau da yawa takan farfaɗo da kanta ta ci gaba da bugawa. Numfashi ne ke daɗewa bai dawo ba, in kuwa ba a taimaka masa ba, zuciyar ta sake tsayawa saboda rashin iska, wannan karon ba dawowa. Don haka in an tarar da mutum ba ya numfashi, a kwantar da shi rigingine, a ɗora tafin hannu biyu a tsakiyar ƙirjinsa, a danna da ƙarfi da sauri, kamar sau biyu kowane sakan, har sau 30. Sa'an nan a ɗaga haɓarsa, a toshe hancinsa, a hura masa iska a baki sau 2. A koma dannawa. A yi ta yi ana karɓa-karɓa har ya fara numfashi ko a isa ga likita.

In mutane da yawa ne suka faɗi, a fara da wanda ya yi shiru kamar ya mutu. Mai ihu da mai nishi suna numfashi, galibi za su rayu ko an ɗan jinkirta musu. Wannan ya saɓa wa abin da aka saba yi a haɗarin mota, amma haka likitoci suka koyar game da aradu. Har wa yau, kada a duba ƙwayar idonsa a ga ta buɗe ba ta motsi a ce ai ya cika, a ja masa mayafi. Aradu kan sa ido ya yi haka na ɗan lokaci alhali mutum na da rai.

Akwai kuma wani abu mai firgitarwa da ya kamata kowane habir, wato jagoran masu kora, ya sani. Mutum zai farfaɗo ya tarar ƙafafunsa sun mutu, sun yi sanyi ƙalau, sun canza launi, ko an mintsine shi ba ya ji. Shi da abokan tafiyarsa sai su ɗauka ya shanye ke nan. Yawanci wannan shanyewar ta aradu takan sake shi cikin 'yan sa'o'i. Amma fa in daga kan raƙumi ko saman mota ya faɗo, ko wutar ta yi jifa da shi, ana iya samun karaya a wuya ko gadon baya. Kada a ciccibe shi a saɓa a kafaɗa. A sa shi a kan katako ko ƙyauren ƙofa, a riƙe kansa kada ya juya. Kuma ko ya miƙe ya ce lafiyarsa lau, a kai shi asibiti a duba zuciyarsa. Mun san tun da yaƙi ya ɓarke a watan Afrilu na 2023 asibitocin garin nan suka cika da jama'ar da suka gudo daga Hartum da Jazira, ganin likita ya zama aiki. Duk da haka a daure a kai shi.

Abin da ke yaudarar mutane shi ne ƙuna. An ce zafin walƙiya ya kai digiri 30,000, wajen ninki biyar na zafin fuskar rana, sai mutum ya zaci wanda ta taɓa zai zama gawayi. Ba haka ba ne, domin ba ta daɗewa ko ƙiftawar ido, kuma mafi yawan wutar ta bayan fata take bi ta wuce. Gumi da ruwan sama da ke jikinsa su tafasa nan take, har riga ta yage, takalmi ya yi tsalle ya bar ƙafa. Inda ake samun ƙuna sosai shi ne wurin da ƙarfe ya taɓa fata, kamar agogo, zobe, makulli a aljihu, ko wuƙar da ke ɗaure a damtse. Wani lokaci kuma a ga wani jan zane a ƙirji ko baya mai kama da rassan itace. Wannan ba rubutun aljanu ba ne, kuma ba ƙuna ba ce, yakan ɓace cikin yini ɗaya ko biyu. Wanda ke da waya ya ɗauki hotonsa kafin ya ɓace, don shaida ce ga likita cewa lallai aradu ce. To, da yake fata ba ta nuna wani abin a zo a gani ba, sai a ce ai bai ji ciwo ba, gobe ya kama hanya. Alhali ɓarnar tana ciki, a jijiyoyi da ƙwaƙwalwa, don su ne hanyar da wuta ta fi saurin bi a jikin ɗan Adam.

Kunne ne ke fara nunawa. Kusan rabin waɗanda abin ya sama dodon kunnensu kan fashe saboda ƙarar da kuma bugun iska. Za a ga jini ko ruwa na fita, ko ya ce yana jin ƙugi kamar injin niƙa, ko jiri ya riƙa ɗibarsa in ya miƙe. Kada a ɗiga masa mai ko wani tsimi, kada ruwa ya shiga. Da yawa kan haɗe da kansu cikin makonni, wanda bai haɗe ba aikin likitan kunne ne. Ido kuwa shi ne mai zuwa a makare. Yana kan fito wa mutum bayan watanni, wani har shekara ko fiye, saurayi ɗan shekara ashirin ya fara gani dishi-dishi kamar tsoho, kuma ba mai tunawa ya danganta abin da aradun bara. Irin wannan yanar ana cire ta da aiki kamar kowace.

Sai babbar magana, wadda ita ce ta sa muka ɗauki alƙalami. Sana'armu a ka take. Dillali yana riƙe da cinikin mutum biyar a lokaci guda, ya san wanda ya taya, da wanda ya ba da kafin alƙalami, da la'adar da ta rage. Damin, wato mai tsaya wa baƙo lamuni a kasuwannin ƙasar nan, ya san saniyar wa ce da shaidar da ke jikinta. Mai kora yana ƙirga garke da ido safe da yamma, ya san wadda ta yi ɗingishi jiya. To, daidai wannan wurin ne aradu ta fi taɓawa. Mutumin ba ya manta tsohon abu. Zai lissafa maka shanun mahaifinsa da sunayensu, zai ja maka hizifin da ya haddace yana yaro ba tuntuɓe. Sabon abu ne ba ya zama. Ka aike shi Shuwak da saƙo uku, ya iso da ɗaya. Ka faɗa masa farashi da safe, da azahar ya rantse ba ka faɗa ba. In mutum biyu suka yi masa magana tare a cikin hayaniyar kara, sai kansa ya ɗaure ya rasa ta cewa. Aikin da ya saba yi yini guda, yanzu sa'a biyu ko uku ya gaji tilis kamar an yi masa duka.

Ga ciwon kai da ba ya jin magani. Ga zogi a baya ko ƙafa, wani ya ce kamar ana zuba masa garwashi, wani ya ce kamar tururuwa ke bin jikinsa. Barci ya ƙaurace masa, ko kuwa ya yi ta barci ba ƙoshi. Mutumin da aka sani da haƙuri ya koma mai saurin fushi, abu kaɗan ya daka wa matarsa tsawa ko ya ɗaga wa ɗan'uwansa sanda, bayan nan ya zauna yana nadama bai san abin da ya hau kansa ba. Ya daina zuwa majalisa, don ya gaji da a ce ya maimaita magana. In gabas ta yi baƙi jikinsa ya kama rawa. Wasu har farfaɗiya takan same su. Kuma abin takaici, in an kai shi aka ɗauki hoton kansa, sau da yawa hoton ba ya nuna komai, sai a dawo gida a ce likita ma ya ce lafiyarsa ƙalau. Wata likita Ba'amurkiya, Mary Ann Cooper, wadda ta shafe shekaru da yawa tana bin irin waɗannan marasa lafiya, kuma take cikin jagororin ƙungiyar ACLENet mai aikin kare makarantu daga aradu a Yuganda, ta sha bayyana cewa raunin yana cikin yadda ƙwaƙwalwa ke aiki ne, shi ya sa gwajin tunani da riƙe magana ke gano shi inda hoto ya kasa.

Mun ga yadda irin wannan ke ƙarewa a zangonni. Da fari a tausaya masa. Bayan wata biyu a fara cewa ya zama malalaci. In lissafi ya ɓace a hannunsa a ce ya fara taɓa dukiyar uban gida. Daga nan a sallame shi ba hayaniya, kuma da yake fatauci da shaida ake yinsa, daga Gallabat har Muwailih ta Umdurman ba mai sake ba shi amanar ko akuya. Mutum mai iyali ya koma zaman kashe wando. Wasu samarin kuma, don su danne zogin su iya tafiya, sai su faɗa shan Tiramol, a samu ciwo biyu a maimakon ɗaya. A ganinmu wannan zalunci ne, ko da masu yinsa ba da gangan suke yi ba.

Zargin ma tun ranar farko yake somawa. Yawancin waɗanda aradu ta buga ba sa tuna lokacin da abin ya faru, wani ma har abin da ya gabace shi da ɗan lokaci ya goge. Mai dukiya ya zo ya ce yaya aka yi shanuna bakwai suka mutu, yaro ya ce wallahi ban sani ba, na dai farka na gan su a kwance. Sai zuciya ta fara saƙa. Maganin wannan shi ne a kira likitan dabbobi ya gani da idonsa kafin a taɓa komai. Dabbar da aradu ta kashe takan faɗi inda take tsaye, sau da yawa da ciyawa a bakinta, a tare a gindin itace ko a jere a bakin shingen waya, wani lokaci da babbakakken gashi a ƙafa ko kafaɗa. Kada kuma a yarda kowa ya feɗe. Wadda ta mutu ba yanka mushe ce, wannan ba gardama. Bayan haka ciwon saifa shi ma da damina yake kashe shanu farat ɗaya, kuma mai feɗe irin wannan gawa yana iya ɗauka.

Akwai kuma zargin da ya fi na sata ciwo. Mu Hausawa mun gaji rantsuwa da aradu tun kaka da kakanni, har yau in gardama ta yi zafi a kara za ka ji wani ya kira kwarankwatsa. Daga nan ne tunanin ya samo asali cewa ba ta faɗa wa kowa sai maƙaryaci, ko ɓarawo, ko wanda ya ci amana. Har dutsen nan mai kama da ruwan gatari da ake tsinta a gona muke kira gatarin aradu, alhali makamin mutanen farko ne da suka sassaƙa da hannu. Wani mai ɗan karatu kuma zai kawo maka labarin Arbad, ɗan'uwan mawaƙi Labidu, wanda ya je Madina tare da Amiru ɗan Ɗufailu da mugun nufi ga Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, a hanyar komawa aradu ta hallaka shi. Gaskiya ne malaman tafsiri sun kawo wannan a bayanin Suratur Ra'adi. Amma wannan mutum ne da aka san laifinsa, aka kuma ba da labarinsa ta hanyar da ba shakka a cikinta. Wa ya ba mu labarin yaron da ke kora mana shanu? Ranar 28 ga Yuni 2011 aradu ta faɗa wa makarantar firamare ta Runyanya a Yuganda ta kashe yara 18, har ta sa aka mai da wannan rana ta faɗakarwa a kan aradu kowace shekara. Me waɗannan yara suka sata? A watan Nuwamba na 2024, a sansanin 'yan gudun hijira na Palabek, nan ma a Yuganda, mutum 14 suka mutu suna tsakiyar addu'a, yawancinsu yara. Allah Yana jarraba wanda Ya so da abin da Ya so, kuma munana zato ga Musulmi a kan cutar da ta same shi ba ƙaramin abu ba ne. Addu'a da ruƙiyya ba wanda ya hana, mu ma muna yi. Sai dai a haɗa da asibiti, kada a ɗaure mutum a ɗaki ana turare ana cewa iska ce, kunnensa na ruɓewa.

Wannan ƙyamar ba a wurinmu kaɗai take ba. Wani ma'aikacin gandun daji a Amurka, Roy Sullivan, sau bakwai aradu na taɓa shi tsakanin 1942 da 1977, yana tashi, har mutane suka riƙa gudunsa in hadari ya haɗo. Ba jininsa ne ke jawo ta ba, aikinsa ne na yini a fili da kan tsauni, irin namu. A can ɗin dai wani ma'aikacin banki, Steve Marshburn, da ta taɓa shi a 1969, ya sha fama da masu ƙaryata ciwonsa har ya kafa ƙungiyar waɗanda suka tsira a 1989, don su riƙa jin ta bakin juna. Mu ba ma bukatar sabuwar ƙungiya, ga tamu.

Kafin mu zo kan abin da za ta iya yi, kalma biyu game da kariya, tunda mun san abin da aka ce a kan ɗaure raƙumi kafin tawakkali. A farkon shekarun 1940 aradu na kashe fiye da mutum 300 a shekara a Amurka, yanzu wajen 20 ne. Ba aradun ce ta ragu ba, mutane ne suka bar fili suka shiga gini da mota. Wuri biyu ne ke da aminci: ginin siminti mai wayoyin lantarki da famfo, waɗanda ke kai wutar ƙasa, da kuma cikin mota mai rufin ƙarfe an rufe gilashi. Saboda haka direba ya tsaya, yaran da ke saman bodi su sauko su cusu a gaba, ko da matsi. Rakuba da bukkar ciyawa da tanti ruwa kawai suke tarewa. A Zimbabuwe a watan Disamba na 1975 mutum 21 suka mutu a bukka ɗaya da suka fake a ciki. In a daji ne ba gini ba mota, babu wurin da za a ce lafiya lau, sai dai rage haɗari: a bar gindin itacen da ke tsaye shi kaɗai, a sauko daga tudu da kan raƙumi, a nisanci bakin hafir da shingen waya, a fita daga tsakiyar garke, kuma kada a kwanta a ƙasa. Masu kora su warwatsu, kada su dunƙule wuri ɗaya, don in ta taɓa ɗaya a sami mai danna masa ƙirji. Tsakanin ganin walƙiya da jin tsawa, kowane sakan uku kilomita ɗaya ne, amma kada wannan lissafi ya ruɗi kowa, duk wanda ke jin tsawa tana iya kai masa. A jira rabin sa'a bayan cida ta ƙarshe kafin a tashi. Habir mai hankali da harif sammako yake yi, ya sauka kafin la'asar. Uban gidan da ke matsa wa yara lallai su cim ma ranar kasuwa ko ana ruwa ko ana tsawa, ya san da hannunsa a abin da ya biyo baya.

Ga shawararmu ga shugabannin ƙungiya da sauran 'yan'uwa. Wanda aradu ta taɓa yana bakin aikin wani, uban gidansa ya ɗauki kuɗin asibiti, asusun ƙungiya ya tallafa in abin ya yi nauyi. Kada a mai da shi hanya a wannan daminar. In ya dawo, a fara ba shi aiki mai fuska ɗaya, kamar ban ruwa, ko tsaron zariba, ko kula da dabbobin da ake kiwatawa a turke, aikin da ba hayaniya ba lissafi da yawa, kuma a bar shi ya huta in ya gaji. In dillali ne, a haɗa shi da yaro mai rubutu, shi ya yi ciniki da idonsa da ya san dabba, yaron ya riƙe littafi. Saƙo a ba shi ɗaya bayan ɗaya, ko a yi masa a murya a waya ya riƙa saurara. A kira matarsa da iyayensa a yi musu bayani cewa fushin nan da mantuwar nan ciwo ne, don su ne ke kwana da shi, kuma aure da yawa a nan yake mutuwa. In aka ga ya yi shiru da yawa, ko ya fara cewa gara ma da ta kashe shi, kada a bar shi shi kaɗai, a kai shi ga likita. Da yawa suna samun sauƙi a hankali cikin shekara ɗaya ko biyu in an yi haƙuri da su.

Sa'an nan magatakardan kowane reshe ya buɗe shafi a littafinsa, ya rubuta sunan duk wanda abin ya sama, da ranar, da wurin, da wanda yake wa aiki. In an cika wata shida a tuna wa uban gidansa ya kai shi a duba masa ido da kunne, in shekara ta zagayo a sake kai shi, ko da bai yi kukan komai ba.